DARASI: SHIN ANA WARWARE SULHUN DA ALƘALI YA TABBATAR?

Bismillahir Rahmanir Rahim. Godiya ta tabbata ga Allah, tsira da aminci su tabbata ga Annabinmu Muhammadu da alayensa da sahabbansa. Bayan haka:

Ya ku ƴan'uwa, duk shekara idan damina ta ƙarato mukan ga rigingimun gona da aka kashe sun sake tasowa. Mutum ya zauna gaban maigari, an sulhunta shi da maƙwabcinsa, ya dangwala yatsa, bayan shekara biyu ya dawo yana cewa an cuce shi. To, mene ne hukuncin wannan?

Mu fara da dokar ƙasa. Dokar karkara ta ranar 2 ga Maris 1993 ta wajabta a fara kai rigimar gona gaban sarakunan gargajiya domin neman sulhu kafin a je gidan shari'a. Idan an daidaita sai a rubuta takardar sulhu, ɓangarorin su sa hannu, kuma ɗayansu yana iya kai ta ga alƙali ya ba ta ƙarfin zartarwa. Daga nan ta wuce maganar fatar baki.

A fiƙihunmu na Malikiyya asalin sulhu shi ne lizimci. Allah ya yabi sulhu a cikin Suratun Nisa'i, aya ta 128. Malamai sun ɗauke shi tamkar ciniki ko haya ko kyauta, gwargwadon abin da aka yi shi a kai. Ibnu Asim, mai Tuhfatul Hukkami, ya tafi a kan cewa sulhun da ya ƙullu ba a kwance shi a koma ga husuma, ko da su biyun sun yarda. Saboda haka nadama ba hujja ba ce. Wanda ya karɓi jika ɗari ya bar gefen gona, daga baya hanya ta ratsa wurin, kuɗin ƙasa ya tashi, ba shi da ta cewa.

Amma Shehu Halil a cikin Muhtasar ya ambaci wuraren da wanda aka zalunta yake da ikon warwarewa, idan an yi sulhun alhali abokin husuma yana musun haƙƙin:

Na ɗaya, mai musun ya dawo ya yi iƙirari, kamar ya ce lalle gonar aro ce ko jingina aka ba ubansa.

Na biyu, shaidu su bayyana waɗanda mai haƙƙin bai san da su ba ranar sulhu.

Na uku, ya kasance shaidunsa suna nesa, ya kuma shaida wa mutane a fili cewa zai tashi da su in sun zo.

Na huɗu, ya samu takardarsa da ta ɓata.

Wanda kuwa ya san shaidunsa, suna kusa, ya yi shiru ya karɓi sulhu, shi ya zubar da hujjarsa da kansa. Haka nan sulhun da aka yi da tilas, ko wanda ya halatta haram, kamar magada maza su raba gona su hana ƴan'uwansu mata rabonsu ba da yardarsu ba, wannan ɓatacce ne tun tushe.

Sai mu kula da abu biyu. Mai hujja ba shi yake warware sulhu da hannunsa ba. Kada ya tumɓuke shinge ko ya shuka gonar da dare. Ya ɗauki shaidunsa da takardarsa ya koma gaban alƙali. Shi kuma wanda ya san ƙarya ya yi har aka bar masa gona, ya sani hatimin alƙali ba ya halatta masa ita. A cikin hadisin Ummu Salama, Allah ya yarda da ita, Manzon Allah ya gargaɗi wanda aka yanka wa haƙƙin ɗan'uwansa saboda iya magana, cewa yankin wuta ne ya karɓa.

Nasiharmu: kada kowa ya sa hannu sai an karanta masa takardar da Hausa, an ambaci iyakoki, an kira dukkan magada, mata da maza, da waliyyin marayu.

Allah ya tsare mu da cin ƙasar wani. Wallahu a'alamu.