BABI NA BAKWAI: ƘA'IDOJIN RUBUTA MAƘALAR KUNDIN SANI, MISALI DAGA FILAYEN ƘWALLON ƘAFA

7.0 Gabatarwa

Rubutun bayani yana daga cikin nau'o'in zube da ake buƙatar malamin Hausa ya ƙware a kansu. Mafi tsaurin ƙa'ida a wannan nau'i shi ne rubutun kundin sani, wanda wasu ke kira insakulofidiya. Wannan babi zai dubi sharuɗɗan da maƙala ke cikawa kafin a amince da ita a irin wannan kundi. An zaɓi filayen ƙwallon ƙafa a matsayin misali ne saboda abubuwa uku da ke tattare da su: sunayensu suna sauyawa, alƙalumansu suna saɓawa juna, sannan mafi yawan masu rubutu a kansu magoya baya ne masu son zuciya.

7.1 Ma'anar Kundin Sani

Kundin sani taska ce ta ilimi wadda ake tsara maƙaloli a cikinta bisa jerin haruffa ko bisa fannoni, domin mai neman bayani ya same shi a taƙaice kuma ingantacce. Ya bambanta da ƙamus. Ƙamus, kamar na Bargery na 1934 ko Ƙamusun Hausa na Jami'ar Bayero na 2006, yana bayyana ma'anar kalma ne. Kundin sani kuwa yana bayyana abin da kalmar ke nufi a zahiri: tarihinsa da siffarsa da amfaninsa. Daga cikin tsofaffin kundaye akwai Britannica, wanda ya fara fitowa a 1768. A 2001 aka buɗe Wikipedia a intanet, wadda kowa ke iya rubutu a cikinta, kuma tana da sashen Hausa.

Wannan dama tana tafe da nauyi. Kuskuren da ya shiga kundi ba ya tsayawa a nan. Ɗalibi zai kwafe shi a aikin jinga, mai gabatar da shiri ya karanta shi a rediyo, har ya zama kamar gaskiya saboda yawan maimaitawa.

7.2 Sharuɗɗan Ingancin Maƙala

7.2.1 Madogara

Duk maganar da aka kawo dole ta kasance da madogarar da mai karatu zai iya komawa gare ta: littafi ko jarida ko rahoton hukuma. Alal misali, tabbatacce ne cewa an buga wasanni a Filin Wasa na Sani Abacha da ke Ƙofar Mata a Kano a gasar cin kofin duniya ta matasa a 1999, da gasar cin kofin nahiyar Afirka da Nijeriya da Gana suka ɗauki baƙunci a 2000, da kuma gasar duniya ta 'yan ƙasa da shekara 17 a 2009. Hukumomin da suka shirya gasannin sun adana bayanansu. Amma maganar cewa wata rana filin ya cika har babu masaka tsinke ba ta shiga kundi, sai an sami rahoton da ya faɗi adadin mutanen.

7.2.2 Daidaiton Alƙaluma

Babu inda marubuta suka fi tuntuɓe kamar wajen faɗin yawan 'yan kallon da fili ke ɗauka. Game da filin Kano da aka ambata, wasu majiyoyi sun ce 16,000, wasu kuma 25,000. Irin wannan saɓani yakan samo asali daga yadda aka yi ƙidayar: ko kujeru kawai aka ƙirga, ko har da wuraren tsayuwa, ko kuwa an yi wa filin kwaskwarima tsakanin ƙidayar farko da ta biyu. Filin Marakana na Birazil ya ɗauki mutane sama da 170,000 a wasan da ya rufe gasar kofin duniya ta 1950, lokacin da akasarin jama'a ke kallo a tsaye. Bayan an mayar da shi na kujeru zalla, adadin bai kai 80,000 ba. Kowane daga cikin alƙaluman nan biyu daidai ne a zamaninsa. Saboda haka marubuci zai haɗa adadi da shekararsa da majiyarsa. Idan majiyoyi masu ƙarfi sun saɓa, sai ya kawo su duka. Ba a yarda ya zaɓi mafi girma don filin na garinsu ne ba.

7.2.3 Suna da Lokaci

Babban filin wasa na ƙasa da ke Abuja, wanda aka buɗe a 2003 domin wasannin Afirka na wannan shekara, an sa masa sunan Moshood Abiola a 2019. Haka filin Karkanda na Katsina ya koma Filin Wasa na Muhammadu Dikko, domin tunawa da Sarkin Katsina da ya yi mulki daga 1906 zuwa 1944. Ƙa'ida ita ce a sa sunan da ake amfani da shi a kanun maƙala, sannan a ambaci tsohon suna a jimlar farko. Haka nan a guji kalmomi irin su "bana" da "bara" da "kwanan nan", domin maƙala tana daɗewa. A rubuta shekarar da lambobi.

7.2.4 Rashin Ɗaukar Ɓangare

Kundin sani ba dandalin kirari ba ne. A dubi waɗannan jimloli biyu:

(a) Wannan katafaren fili shi ne maƙabartar baƙi, inda Masu Gida ke lallasa duk wanda tsautsayi ya kawo.

(b) Filin shi ne gidan ƙungiyar Kano Pillars, wadda aka kafa a 1990, ta kuma lashe gasar ƙwallon ƙafa ta Nijeriya a 2008 da 2012 da 2013 da 2014.

Jimla ta farko ta dace da bakin mai sharhin wasa, amma babu abin da za a iya tabbatarwa a cikinta. Ta biyu ta nuna ƙarfin ƙungiyar ta hanyar hujja, ta bar wa mai karatu hukunci. Haka ma idan sunan fili na ɗan siyasa ne ko shugaba. Ya wadatar a ce Janar Sani Abacha ya shugabanci Nijeriya daga 1993 zuwa 1998. Yabo ko suka ba su da gurbi a maƙalar fili.

7.2.5 Ƙa'idojin Rubutu

Maƙalar da ta cika sharuɗɗan baya tana iya faɗuwa saboda sakaci da haruffa masu lanƙwasa. A jimlar "an kafa ƙungiyar ƙwallon ƙafa", lanƙwasa ce kaɗai ta raba "kafa" da "ƙafa". A kula da raba kalmomi da haɗe su: "yana" a haɗe, "shi ne" a rabe. A kuma tsaya a kan kalma ɗaya. Wanda ya fara da "filin wasa" kada ya koma "sitadiyam" a sakin layi na gaba ba tare da dalili ba.

7.3 Cancantar Batu: Misalin Mainika

A ɗauka ɗalibi ɗan Mainika, ɗaya daga cikin mazaɓun Ƙaramar Hukumar Gwarzo, yana son rubuta maƙala a kan filin da samarin garinsu ke taka leda, inda ƙila sukan karɓi baƙuncin takwarorinsu daga ƙauyukan Kabo. Filin yana da daraja a wurin mutanensa, amma kundi irin Wikipedia ba da wannan yake auna batu ba. Abin tambaya shi ne: shin wata majiya mai zaman kanta, wadda ba ta da alaƙa da filin, ta yi rubutu mai yalwa a kansa? Idan babu, editoci suna iya goge maƙalar, wahalar ɗalibin ta tashi a banza. Abin da ya fi shi ne ya sa bayanin a cikin maƙalar Mainika ko ta Gwarzo, gwargwadon hujjar da ke hannunsa.

A nan ya kamata a rarrabe tsakanin aiki biyu. A kundin bincike na kammala karatu, hira da dattawa madogara ce karɓaɓɓiya, muddin an rubuta wanda aka yi hirar da shi da wuri da rana. A Wikipedia kuwa ba a karɓar binciken ƙashin kai, sai abin da aka riga aka wallafa. Wannan ya sa garuruwa da yawa na ƙasar Hausa ba su da cikakken bayani a kundaye, domin tarihinsu yana bakin mutane. Maganin haka shi ne masu ilimin garin su tattara wannan tarihi su wallafa shi a littafi ko mujalla, domin marubucin kundi ya sami abin dogaro. Malamin Hausa yana sahun gaba a wannan aiki.

7.4 Yadda Za a Koyar da Darasin

Malami zai iya fita da ɗalibansa filin makaranta da igiyar awo. Dokokin wasan sun tanadi tsawon fili daga mita 90 zuwa 120, faɗinsa kuwa daga mita 45 zuwa 90. Kafin awo, kowa ya rubuta ƙiyasinsa. Bayan awo a kwatanta. Tazarar da za a gani tsakanin ƙiyasi da awo za ta koya musu ma'anar karin maganar nan, gani ya kori ji. Daga nan su rubuta jimloli biyar a kan filin, su ja layi a ƙarƙashin duk wadda ba su da hujjarta.

7.5 Kammalawa

Babin ya nuna cewa ingancin maƙalar kundin sani ya rataya ne a kan madogara da daidaiton alƙaluma da kula da sauyin suna da lokaci da rashin ɗaukar ɓangare da kiyaye ƙa'idojin rubutu. Ya kuma nuna cewa ba kowane batu ne ke cancantar maƙala ta kansa ba, sai wanda aka sami rubutattun majiyoyi a kansa.

7.6 Auna Fahimta

1. Bambance tsakanin ƙamus da kundin sani tare da misalai.
2. Kawo dalilai uku da ke sa majiyoyi su saɓa wajen faɗin yawan 'yan kallon da fili ke ɗauka.
3. Sake rubuta jimla (a) ta 7.2.4 ta yadda za ta dace da kundin sani.
4. Me ya sa ake karɓar hira a kundin bincike, amma ba a karɓar ta a Wikipedia?
5. Rubuta maƙalar da ba ta wuce kalmomi 150 ba a kan wani filin wasa na jiharku, tare da nuna madogarar kowace jimla.