Amsoshin Tambayoyinku: Su Wane Ne 'Yan Dalit, Kuma Muna da Irin Adabinsu a Hausa?

TAMBAYA: Ni malamar Hausa ce a wata makarantar sakandare da ke Abakwa, Kaduna. Na ji ana maganar wasu marubutan Indiya da ake kira Dalit, wai zuriyar mutanen da ake ƙyamar taɓawa ne, kuma fassara ta kai littattafansu ko'ina a duniya. Su wane ne, me ya bambanta rubutunsu da na saura, sannan mu Hausawa muna da irinsa? Abin da ya sa na tambaya shi ne, kwanan baya a layinmu aka hana wani saurayi mai digiri aure, ba don komai ba sai don kakansa mahauci ne.

AMSA: Bari mu fara da Indiya, sannan mu dawo gida.

Tun tale-tale al'ummar Hindu a karkase take bisa haihuwa. Akwai hawa huɗu: malaman addini a sama, sai sarakuna da mayaƙa, sai 'yan kasuwa, sai masu hidima. A ƙarƙashinsu kuma akwai waɗanda ba a ma sa su cikin lissafin ba, wato masu kwasar bayan gida, da masu shara, da majema, da masu fiɗar mushen shanu. Su ne ake cewa taɓa su na ƙazantar da mutum. Unguwarsu a bayan gari take, ba sa ɗiban ruwa a rijiyar jama'a, ba sa shiga wurin bauta. Sunan Dalit su suka zaɓa wa kansu. A ƙidayar 2011 sun haura miliyan 200, kashi 16.6 cikin ɗari na mutanen ƙasar. In kin kalli fim ɗin Lagaan na 2001, za ki tuna Kachra, wanda mutanen ƙauye suka ƙi yarda a sa shi cikin 'yan wasa. To, shi ne misalinsu.

Jagoransu shi ne Dakta Bhimrao Ambedkar, wanda aka haifa a 1891. Yana yaro a makaranta, a gefe yake zama kan buhun da ya zo da shi daga gida, kuma in ƙishirwa ta kama shi sai masinjan makaranta ya kwararo masa ruwa daga sama don kada bakinsa ya taɓa moɗa. Ranar da masinja bai zo ba, haka zai wuni. Wannan yaron ne ya je ya yi karatu mai zurfi a Amurka da Ingila, ya dawo a 1927 ya jagoranci dubban mutanensa suka sha ruwa a tafkin garin Mahad da aka hana su, daga baya ya shugabanci kwamitin rubuta tsarin mulkin Indiya na 1950, wanda sashensa na 17 ya haramta wannan ƙyama. Doka ta hana, amma zukata ba su bi ba. A 1956, 'yan makonni kafin rasuwarsa, ya fita daga addinin Hindu a birnin Nagpur tare da ɗaruruwan dubban mabiyansa.

Daga wannan gwagwarmaya adabin ya tsiro, da farko a harshen Marathi. Baburao Bagul ya fitar da gajerun labaransa a 1963. Namdeo Dhasal, wanda ya taɓa tuƙin tasi a Bombai, ya fitar da waƙoƙinsa a 1972, shekarar da shi da abokansa suka kafa ƙungiyar Dalit Panthers. Daya Pawar ya rubuta tarihin rayuwarsa, Baluta, a 1978. Amma wanda nake so ki tsaya a kansa shi ne Joothan na Omprakash Valmiki, wanda ya fito da harshen Hindi a 1997. Valmiki ɗan masu shara ne a wani ƙauye na jihar Uttar Pradesh. Ya ba da labarin yadda hedimastansu ya fitar da shi daga aji ya sa shi sharar filin makaranta tun safe, yau da gobe, sauran yara na ciki suna karatu, har ranar da mahaifinsa ya biyo ta wurin ya gan shi, ya fizge tsintsiyar ya yi jifa da ita. Ya kuma faɗi yadda danginsa ke zama a ƙofar gidan biki da kwanduna, suna jiran a gama ci a juye musu ragowar, su shanya ta a rana su adana saboda damina. Wata rana mahaifiyarsa ta roƙi mai gidan biki ya ba 'ya'yanta abinci mai kyau, ya kore ta da baƙar magana. Sai ta kifar da kwandon a gabansa, ba ta sake komawa ƙofar nan ba.

Bambancin ke nan. Kafin marubutan Dalit, manyan marubuta irin su Premchand da Mulk Raj Anand sun yi rubutu a kan waɗannan mutane, kuma da tausayi suka yi. Sai dai mai tausayi daga nesa yake hange. Shi yakan zana bawan Allah abin tausayi da ke jiran mai ceto. Su kuwa da suka karɓi alƙalami, sai ga fushi, ga raha, ga faɗan cikin gida, ga sunan ƙauye da sunan wanda ya yi zagin. Wasunsu, kamar Sharankumar Limbale, na ganin adabin Dalit sai wanda aka haifa a ciki. Ni ban kai can ba, don kowa na da damar rubuta abin da ya gani. Amma mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo, kuma shi ya kamata a fara saurara.

Batun fassara kuwa, Indiya ƙasa ce mai harsuna da yawa, mai Marathi ba ya karanta Tamil, mai Tamil ba ya karanta Hindi. Fassara ce ta haɗa su da junansu kafin ta haɗa su da duniya. Kundin Poisoned Bread da Arjun Dangle ya tattara a 1992 shi ya buɗe ƙofa. Karukku na Bama, wata Kirista 'yar Dalit da ta bar gidan 'yan zuhudu saboda wariyar da ta tarar har a can, ya fito da Tamil a 1992, Lakshmi Holmström ta mayar da shi Turanci a 2000. Joothan ya samu fassara a 2003. Baluta kuwa sai 2015, bayan shekara 37. Wahalar aikin ita ce, waɗannan mutane da bakin unguwarsu suka yi rubutu, da ashar ɗinsa da kaushinsa, har masana suka riƙa cewa ba su iya harshe ba. Mai fassara in ya ji kunya ya wanke maganar ta koma ta 'yan boko, ya kashe rabin littafin. Sannan akwai tambayar wa ke zaɓen abin da za a fassara, wa ke cin ribar.

Yanzu mu dawo gida. Tsarinmu ba irin na Indiya ba ne, kuma zalunci ne a ce ɗaya suke. Addininmu ya sa tsoron Allah ne ma'aunin ɗaukaka, mahauci da basarake sahu ɗaya suke bi a masallaci, kuma ba wanda ke wanke hannu don ya gaisa da majemi. Sana'a ma akan bar ta gado a yi haye. Amma ba za mu yaudari kanmu ba. Tun a 1959 masanin nan M.G. Smith, wanda ya yi bincike a ƙasar Zazzau, ya rubuta yadda Hausawa ke jera sana'o'i hawa-hawa, mahauta da maroƙa da makaɗa suna can ƙasa. Kina iya ci a kwano ɗaya da mutum shekara ashirin, ranar da ɗansa ya zo neman aure sai a ce a je a binciko asali. A nan ne ake tuna wane kakansa bawa ne, wane ɗan bangon gabas ne. Abin da ya faru a layinku ba baƙon abu ba ne, kuma ba shi da madogara a shari'a mai ƙarfi da za ta sa a wulaƙanta Musulmi mai addini da hali.

Bauta ma ba ta yi nisa ba. Dokar Lugga ta 1901 'yanta waɗanda aka haifa bayan ƙarshen Maris na shekarar kawai ta yi, ba a soke bauta ɗungurungum a Arewa ba sai 1936. A Nijar kuwa, a 2008 kotun ECOWAS ta kama gwamnati da laifin kasa kare Hadijatou Mani, wadda aka sayar tana 'yar shekara 12 a 1996, ta ce a biya ta diyyar sefa miliyan 10.

To, ina littattafan waɗannan mutane? In kin duba kantarmu, za ki ga mafi yawa wani ne ya rubuta a madadinsu. Dorugu, yaron ƙasar Damagaram da aka kama bauta, aka 'yanta shi, ya bi Baturen nan matafiyi Barth zuwa Ingila a 1855, ya ba da labarinsa da Hausa mai daɗi, amma ɗan mishan Schön ne ya riƙe alƙalamin, kuma don koya wa Turawa harshe aka buga shi a 1885. Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Balewa, wanda ya fito a 1934, ya nuna raɗaɗin bauta, musamman a wahalar uwar da ke neman ɗanta, sai dai haƙuri da ƙaddara ne ƙashin bayansa, bai tuhumi tsarin ba. Baba ta Karo, wadda Mary Smith ta ɗauki maganarta a Giwa a 1949 zuwa 1950, taska ce babba ga tarihin matan Hausawa, amma gidansu masu rinji ne, daga ɓangaren iyayengiji ta kalli bayin. Kuma da Turanci littafin ya fara fita a 1954, Hausarsa ta biyo baya da shekaru masu yawa. Wannan abin yana ci mini rai: maganar tsohuwa Bahaushiya, mutanen Landan suka riga jikokinta karantawa.

Inda muryar na ƙasa ta fita da kanta a wurinmu, a waƙa ne. Marigayi Ɗan Maraya Jos ya ɗauki kuntiginsa ya yi wa karen mota waƙa a lokacin da manyan makaɗa ke fada. Ɗan Anace ya ɗaukaka 'yan dambe, wasan da aka san mahauta da shi, har sunan ɗan dambe Shago ya kai inda na hakimai da yawa bai kai ba. Mawaƙan jam'iyyar NEPU irin su Mudi Sipikin da Gambo Hawaja sun sa kalmar talaka ta zama abin tinƙaho bayan 1950. A zube kuma, Balaraba Ramat Yakubu ta cancanci ambato. Ba daga ƙasƙantaccen gida ta fito ba, amma an cire ta daga makaranta an aurar da ita tana yarinya, kuma daga wannan tabon ta rubuta Wa Zai Auri Jahila? da Alhaki Kuykuyo Ne. Abin sha'awa, da Aliyu Kamal ya fassara na biyun zuwa Turanci a 2012, kamfanin Blaft na birnin Chennai a Indiya ne ya buga shi. Indiyawa sun riga sun miƙo mana hannu ke nan.

Misalin da ya fi kusa da ruhin Dalit a ganina shi ne fim ɗin Duniya Juyi Juyi na 2011, wanda wasu almajirai a Kano suka tsara labarinsa, suka fito a ciki, suka riƙe kyamara, da taimakon mai bincike Hannah Hoechner da cibiyar Goethe. Kowa ya yi magana a kan almajiri, daga gwamna har mai sharhi a rediyo. A wannan fim almajirin ne ya nuna yadda ake kallonsa a gidan da yake aikatau, da abin da yake ji idan aka miƙo masa abincin da ya kwana ya lalace. Ki dubi kusancin wannan da kwandon mahaifiyar Valmiki. Shi ya sa nake ganin Joothan zai fi zama daram a Hausa fiye da Turanci. Bahaushe ya san ragowa, ya san ƙanzo, ya san tsayuwa a zaure ana jiran kwano. Amma littattafan Dalit da Turanci suke iso mana, alhali finafinan Indiya kullum ana juya su Hausa ana sayarwa a kowace kasuwa. Masu kunnen Hindi muna da su, aikin ne ba a ba su ba.

Ke kuma, Malama, kina da abin yi tun daga ajinki. Abakwa unguwa ce da ta tara jama'a daga ko'ina, kuma a gabanki akwai 'ya'yan mahauta, da na wanzamai, da na leburori, da yaran da ke aikatau kafin su zo makaranta. Maimakon insha'in yadda na yi hutu, ki sa su rubuta sana'ar gidansu da abin da aka taɓa faɗa musu saboda ita, ba tare da tilasta wa kowa karantawa a gaban aji ba. Kada ki goge musu karin harshensu da jan biro, ki gyara ƙa'idar rubutu kawai. Masu son zurfafawa ki kai su Gidan Arewa da Ma'adanar Tarihi ta Ƙasa, duk a nan Kaduna suke, inda takardun zamanin Turawa ke ɗauke da shari'o'in bayin da suka nemi fansar kansu.

Ga sassan harsunan Nijeriya na Jami'ar Ahmadu Bello da Bayero da Jami'ar Jihar Kaduna kuma, roƙona shi ne a nemi izinin masu haƙƙin Joothan da Karukku, a ba ɗaliban fassara su mayar da su Hausa, a buga su da farashin da malamin sakandare zai iya saye.