Ƙungiyar Hansa da Fataken Goro: Nazarin Abin da Ke Riƙe Fatauci

Gabatarwa

A watan Fabrairun 1851 Heinrich Barth, wanda Hausawa suka sani da Abdulkarim, ya iso Kano, ya kuma yi dogon bayani a kan cinikin tufafi da goro da kanwa a kasuwarta. Barth haifaffen Hambog ne, ɗaya daga cikin manyan biranen ƙungiyar 'yan kasuwar Jamus da ake kira Hansa. Wannan maƙala ta kwatanta Hansa da fataken goro na ƙasar Hausa domin gano dalilin da ya sa ɗaya ta ruguje da aka janye mata gata, ɗaya kuwa ta sauya hanya ta ci gaba.

Yadda Hansa Ta Ginu

Tushen Hansa shi ne birnin Lubek, wanda aka sake kafawa a 1159. A 1241 Lubek da Hambog suka ƙulla yarjejeniyar tsare hanyar da ke tsakaninsu, kuma a 1356 aka yi babban taron wakilan biranen na farko. Ƙungiyar tana da manyan masaukai huɗu a ƙasashen waje: Landan, Buruj, Bagen ta Norwe da Nobgorod ta Rasha. Ta nan ake musayar gishiri da busasshen kifi da fatu da kakin zuma da yadudduka. Ƙarfinta ya dogara ne ga rangwamen haraji da takardun gata daga sarakuna, da kuma jiragen yaƙi, kamar yadda ta tilasta wa Danmak sulhun 1370.

Fataken Gwanja

Agalawa da Tokarawa da Kambarin Barebari su ne suka mamaye fataucin goro a ƙarni na 19. Ayari yakan tashi daga ƙasar Kano ƙarƙashin madugu, da jakuna ɗauke da kanwa da turkuɗi da jemammun fatu, ya shafe watanni kafin ya kai Salaga ta ƙasar Gwanja. A kowane zango akwai maigida mai saukar da baƙi, ya adana hajarsu, ya nemo dillali, ya kuma tsaya wa bashi. Wannan aiki ya yi kama da na masaukan Hansa. Sai dai fataken Hausa ba su da rundunar yaƙi ko majalisar birane. Jarinsu shi ne harshe guda, da zumunta, da shari'ar Musulunci wadda malaman zango ke warware rigingimu da ita.

Lokacin Jarrabawa

Da manyan dauloli suka yi ƙarfi, gatan Hansa ya fara zubewa. Iban na Uku ya rufe masaukin Nobgorod a 1494, Sarauniya Elizabet ta Ɗaya ta rufe na Landan a 1598, taron ƙarshe kuma ya gudana a 1669.

Su ma fataken goro sun gamu da irin wannan girgiza. Yaƙin basasar Salaga na 1892 ya watsa kasuwar, amma 'yan kasuwa suka koma Kete-Karaci da Kintamfo da Kumasi da tsarinsu na zango. Da jirgin ƙasa ya fara aiki a Kano a 1912, kamfanonin Turawa, ciki har da G. L. Gaiser na Hambog, suka buɗe rassa. Ba su da hanyar isa ga manomi kai tsaye, don haka suka dogara ga tsofaffin fatake. Alhassan Ɗantata, Ba'agale haifaffen Bebeji, ya juya daga goro zuwa gyaɗa, kuma ta hannun irin waɗannan 'yan kasuwa da yaransu amfanin gonar ƙauyuka, har da na ƙasar Gwarzo da Kabo, ya riƙa isa tashar jirgi.

Kammalawa

Wannan kwatanci ya nuna cewa tsararren fatauci mai nisa ya girmi zuwan Turawa ƙasar Hausa. Ya kuma nuna cewa cinikin da ya rataya ga gatan hukuma yakan tafi tare da gatan, alhali wanda aka gina bisa amana yakan bi masu shi duk inda suka yi ƙaura. Aikin da ya rage wa manazarta shi ne tattara tarihin baka na gidajen fatake a yammacin Kano tun dattawan da suka gaje shi suna raye.