Ayaba a kasuwar duniya

Ƴan'uwa, wace ƙasa ta fi noman ayaba? Indiya ce: sama da tan miliyan 30 kowace shekara. Amma kusan duka a gida suke cinye ta. Wadda ta fi saida wa waje ita ce Ekwador, a Amurka ta Kudu.

Ga inda damuwa take. Ayabar da jiragen ruwa ke ɗauka kusan duk iri guda ce, Kabandish. Wata cuta mai zama cikin ƙasa tana kashe ta, kuma ba ta da magani. An gan ta a Mozambik a 2013, a Kolombiya a 2019. In ta bazu, ayaba za ta yi tsada.

Cutar tana bin dashe da laka. Mai garka, kafin ka dasa baƙuwar ayaba, tambayi malamin gona.