Ku Riƙa Yi wa Yaro Sallama

'Ya'yana, sababbin iyaye na Batsari da Safana, Allah ya raya zuri'a.

Jariri kan fara ƙiwa wajen wata 8, sa'ad da ya bambance uwarsa da sauran mutane, amma bai gane wanda ya fita yana dawowa ba. Ƙulafucin nan kan lafa tsakanin shekara 2 da 3. Ba sangarta ba ce, halitta ce. Ko kare, in ya shaƙu da maigidansa aka raba su, sai ya yi ta kuka, ya ƙi abinci.

Sai dai yaran gefen dajin Rugu sun ga abin da ya fi ƙarfin shekarunsu. Kun tuna harin 'yan bindiga a Tsauwa da Dankar a Fabrairun 2020, da kwashe ɗaliban Ƙanƙara a Disambar shekarar. Yaron da ya kwana a daji, ko aka gudo da shi Katsina cikin dare, ko ya kai shekara 7 sai ku ga ya koma fitsarin kwance. Da safe ya ce cikinsa na ciwo don kada ya tafi makaranta, ko bayi uwar za ta yana riƙe da zanenta. Kada ku doke shi. A Ingila, lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, masaniyar halayyar yara Anna Freud ta lura rabuwa da uwa ta fi ƙarar bama-bamai girgiza ƙananan yara.

'Yata, kada ki sulale yana wasa. In ya waiwaya bai gan ki ba, gobe ko nan da ƙofa ba zai bar ki ba. Ce masa, "Za ni unguwa, kafin la'asar na dawo," kuma ki cika alkawari. Kai ma ɗana, ko gona za ka ko ci-rani, tsuguna ka yi masa sallama. In yaye ya ƙarato, a bari ya saba da kakarsa kafin a kai mata shi. Ku daina tsorata shi da dodo, balle 'yan bindiga. In ƙulafucin ya haura wata guda yana hana shi barci da karatu, a kai shi asibiti.

Zai yi kuka ranar farko, amma in ya ga kun dawo yadda kuka faɗa, zai koyi yarda da maganarku. Allah ya zaunar da ƙasarmu lafiya.