Yadda Kiɗan Mdou Moctar Ya Sauya Daga Faifai Zuwa Faifai

Da yawa daga cikin iyayenmu a Jega da Maiyama in sun ji ƙarar jita sai su ce ai kiɗan Turawa ne, ba ruwanmu da shi. To, ga wani Buzu mutumin Nijar, Mahamadou Souleymane, wanda aka fi sani da Mdou Moctar, faifansa na farko mai suna Anar a Sakkwato aka ɗauke shi cikin 2008. Wanda ya shiga mota a tashar Jega ya bi ta Aliero, ba zai yini bai isa ba.

In ka saurari Anar sai ka rantse waƙar fim ɗin Hausa ce. Na'ura ce take lanƙwasa muryar, gangar ma ta na'ura ce, harshen kaɗai ne Buzanci. Waƙoƙin kuwa ba ta kanti suka yaɗu ba, daga waya zuwa waya suka bi, kamar yadda muke tura wa juna. Ta haka ɗaya ta kai kunnen wani Ba'amurke, Christopher Kirkley, ya yi ta cigiya har ya samo mai ita.

A Afelan, 2013, sai ya jingine na'ura ya koma ga jitarsa da muryar da Allah ya ba shi. Amma babban sauyi sai a 2019, da Ilana ya fito, wanda aka ɗauka a Detroit ta Amurka da cikakkiyar ƙungiya. Nan fa jitar bahagon ta fara kuka. A Afrique Victime, 2021, shi da Ahmoudou Madassane da Mikey Coltun da makaɗin ganga Souleymane Ibrahim sukan fara waƙa a hankali kamar tafiyar raƙumi, su yi ta ƙara sauri har sai numfashinka ya ɗauke. Maganar ma ta sauya. Da soyayya ce ta fi yawa, yanzu ga kukan yadda ake kwashe arzikin Afirka. A Funeral for Justice, 2024, har Faransa ya kira da suna.

Juyin mulkin Nijar na 2023 ya rutsa da su suna Amurka, hanyar gida ta toshe. A wannan zaman jiran suka sake kaɗa waƙoƙin Funeral for Justice da jita marar lantarki, a sanyaye, ya fito a 2025 da sunan Tears of Injustice. Shi kaɗai ne babana yake bari in sa har ya ƙare.