Darasi: Abin Da Ƙungiya Za Ta Koya A Laburare

'Yan'uwa manoma, yawancinmu a ƙasar Gummi mun iya kira da waya, mun iya aika saƙon murya. Wannan matakin fari ne kawai. Kuɗin taki da bashin banki da sunayen masu karɓar tallafi yanzu duk ta waya da kwamfuta suke bi. Ƙungiyar da ba ta da gwani, wani ne zai riƙe mata asirinta.

Ma'aikacin laburare aikinsa neman bayani da tantance shi. A ƙasar Yuganda, a 2021 an horar da ma'aikatan laburare domin su koya wa mata da matasa aikin kwamfuta. Mu ma mu tura sakatare da ma'aji laburaren makaranta mafi kusa, ko Gusau ko Sakkwato, su roƙi a koya musu abu uku.

1. Lissafi a kwamfuta. A jadawalin Excel kowane mutum da layinsa: buhun da ya karɓa, abin da ya biya, abin da ya rage. Kwamfuta ce ke tarawa, gardama ta ragu. Amma a buga a takarda, a adana. Mu tuna a Satumba 2021 an rufe layukan waya a Jihar Zamfara.

2. Gano tushen labari. Hukumar NiMet takan fitar da hasashen damina a farkon kowace shekara. Mu koyi neman sa a wurin hukumar kanta, mu bar ji-ta-ji-ta. Bayan ambaliyar Gummi ta Agusta 2024, mai gonar fadama ya san amfanin gargaɗi.

3. Gane ɗan damfara. Banki ba ya kira ya nemi lambar sirri. Wanda ya ce a turo kuɗi kafin a sa sunanmu cikin tallafi, a bincika shi tukuna.

Wanda aka tura ya riƙe wayar da hannunsa, kada a yi masa. In ya dawo ya koya wa mutum biyu, har da mace ɗaya. Matambayi ba ya ɓata.

Tambayoyi don taro:
Wa ke riƙe da lambar sirrin asusunmu?
In ya yi tafiya, wa zai iya aikin?